Sulhu a Rikicin Aure: Misali daga Maamobi

Sulhu shi ne sasanta masu jayayya ta hannun wani na uku, ba tare da an yanke hukunci ba. A Maamobi da Nima, manyan zangunan birnin Akara na ƙasar Gana, ta wannan hanya ake kashe yawancin rikicin aure.

Sulhun yana tafiya mataki-mataki. Idan mace ta yi yaji, wato ta koma gidansu cikin fushi, dangin miji sukan je biko. In abin ya gagara, sai waliyyai su zauna, kamar yadda aya ta 35 ta Suratun Nisa'i ta yi umarni da a naɗa mai sasantawa daga kowane ɓangare. Daga nan sai liman, sannan Sarkin Zango. Ko da saki ya auku, a nan ake daidaita batun idda, riƙon 'ya'ya da ciyar da su.

Wannan hanya tana da muhimmanci saboda dalilin shari'a. Dokar auren Musulmi ta 1907 ta tanadi a yi rajistar aure cikin mako guda, amma kaɗan ne ke yi, don haka tabbatar da auren a kotu yakan yi wuya. Dokar sasanta rikici ta 2010 kuwa ta bai wa rubutacciyar yarjejeniyar sulhu ƙarfin doka.

Sai dai sulhu yana da iyaka. A ƙarƙashin dokar cin zarafi a gida ta 2007, duka mai tsanani laifi ne da kotu ke hukuntawa, ba zaure ba.