Sarkin Da Ya Bar Gadon Sarauta Don Gudun Zubar Da Jini

A tsibirin Siri Lanka, wanda ake kira Silon kafin shekarar 1972, akwai wani sarki da mulkinsa bai wuce shekara 2 ba, amma har yau sunansa bai ɓace daga bakin mutanen ƙasar ba. Shi ne Siri Sanghabodhi, wanda Sinhalawa ke kira Sirisangabo. Ya yi sarauta a birnin Anuradhapura a tsakiyar ƙarni na 3 bayan haihuwar Annabi Isa.

Labarinsa yana cikin Mahavamsa, littafin tarihin sarakunan tsibirin, wanda malaman addinin Buda suka rubuta da harshen Pali. Littafin ya ce abokai uku ne 'yan zuriyar Lambakanna suka taso daga Mahiyangana don yi wa Sarki Vijaya hidima: Sanghatissa, da Sanghabodhi, da Gothabhaya. Ba a daɗe ba aka kashe Vijaya, Sanghatissa ya hau. Bayan shekara 4 shi ma talakawan da ziyarce-ziyarcensa suka gallaba suka sa masa guba a 'ya'yan itace. Daga nan sai sarauta ta faɗo kan Sanghabodhi.

To, sabon sarkin mutum ne mai tsananin riƙo da addininsa, wanda ya hana kashe duk wani mai rai. Nan ne fa wahala ta taso, domin kuwa aikin sarki ne ya hukunta masu laifi. Da aka kamo masu ta da zaune tsaye aka kawo gabansa, sai ya sa aka sake su a ɓoye, aka samo gawarwakin waɗanda suka riga suka mutu aka ƙone a madadinsu, don mutane su zaci an zartar da hukunci su tsorata.

Gothabhaya, wanda yake riƙe da baitulmali, ya tafi arewa ya tara mayaƙa ya nufo birnin. Maimakon ya ja daga, sai Sanghabodhi ya fita ta ƙofar kudu shi kaɗai, bai ɗauki komai ba sai matatar ruwansa, wadda masu ibada ke tace ruwa da ita kada su haɗiye ƙananan halittu.

A daji ya gamu da wani matafiyi, wanda ya ba shi abincin guzurinsa. Da ya gama ci, sai ya bayyana masa ko shi wane ne, ya ce ya ɗauki kansa ya kai wa Gothabhaya ya karɓi tukuici. Mutumin ya ƙi sa masa hannu. Bisa ga littafin, nan take sarkin ya saki ransa a zaune, matafiyin ya kai kan fada aka ba shi dukiya. Gothabhaya ya yi masa jana'izar girmamawa, sa'an nan ya yi mulkin shekara 13. Al'adar ƙasar ta ce a Attanagalla wannan abu ya faru, kuma akwai wurin ibada a can.

Masu karanta tarihin suna iya cewa sarkin da ya bar talakawansa a hannun mai ƙwace bai sauke nauyin da ke kansa ba. Amma Sinhalawa ba haka suka auna shi ba. Ƙarnuka da yawa bayan rasuwarsa, sarakunan tsibirin sun riƙa ɗaukar Sirisangabo a matsayin laƙabin sarauta.