Idan Tayar Baya Ta Fara Gurnani: Yadda Ake Canza Boris a Gida

Ƙaramar mota irin Golf ko Corolla tana da nauyin tan ɗaya ko fiye tun kafin direba ya zauna. A ƙara mata fasinjoji, a cika but da buhunan masara, duk nauyin nan ta kan boris ɗin da ke tsakiyar kowace taya yake bi kafin ya isa ƙasa, alhali boris ɗin bai wuce a riƙe shi a tafin hannu ba. Taya mai lamba 195/65 R15, wadda aka saba gani a ƙarƙashin Corolla, kewayenta kusan mita 2 ne, wato tana juyawa wajen sau 500 a kowace kilomita. Idan ana gudun kilomita 100 a awa, juyi 14 ke nan a daƙiƙa guda. Kafin a isa Kaduna daga Kano ta yi juyi sama da 100,000.

Abin da ke ɗaukar wannan wahala zobba biyu ne na ƙarfe mai tauri, na ciki da na waje, da 'ya'yan ƙarfe a jere a tsakaninsu. Akwai keji da ke raba 'ya'yan don kada su gogi juna, akwai giris, sannan akwai robar sil da ke tsare giris a ciki, ta hana ruwa da ƙura shiga. Maimakon ƙarfe ya goga ƙarfe, sai 'ya'yan su riƙa mirginawa. Wurin da kowane ɗa yake taɓa zobe ɗan mitsitsi ne, shi ya sa ake goge fuskokin su yi sumul kamar madubi, kuma maiƙon da ke shiga tsakaninsu bai kai kaurin silin gashi ba. A irin wannan wuri ƙwayar yashi ɗaya babbar ɓarna ce.

Wasu boris 'ya'yansu ƙwallaye ne, wasu kuma dogaye ne masu tsukewa ta gefe ɗaya. Na biyun Henry Timken ne ya yi musu rajista a Amurka a 1898. Sana'arsa ƙera keken doki, kuma ya lura cewa idan aka sha kwana ba nauyin sama kaɗai ke danne ƙafar keke ba, har da turi daga gefe. 'Ya'ya masu tsukakken kai suna ɗaukar duka biyun. Har gobe wannan dabarar ce a bayan motoci da yawa da ke kan titunanmu.

Me ke kashe shi, kuma yaya ake ganewa

A ƙasarmu abubuwa huɗu ne suka fi cin boris. Na farko ruwa: mota ta yi tafiya hob, wato cibiyar da ake ɗaura taya a kai, ya ɗauki zafi, sai a tsunduma ta cikin ruwan da ya taru a titi da damina, ƙarfe ya huce farat ɗaya ya zuƙo ruwa ta bakin sil, giris ya lalace, tsatsa ta kama. Na biyu ƙura, wadda ke samun hanya da zarar sil ya tsufa. Na uku ramuka: taya ta faɗa rami da gudu, 'ya'yan su daki zobe su bar ƙananan lotsa, daga nan duk juyi sai sun bi ta kai. Na huɗu lodi fiye da ƙima. Akwai na biyar da ba a cika faɗa ba, wato hannun wanda ya ɗaura shi.

Alamar farko gurnani ne daga baya, wanda ke ƙaruwa da ƙaruwar gudu. Canza giya ba ya sauya shi, ko an mayar da mota firi yana nan, domin da juyawar taya yake tafiya, ba ruwansa da inji. A hanya mai faɗi wadda babu kowa, ka karkata sitiyari hagu kaɗan sannan dama. Karkatawa hagu tana jefa nauyi a tayoyin dama, don haka idan ƙarar ta ƙaru a lokacin, galibi na dama ne ya mutu. Sai dai tayar da ta ci ba daidai ba ita ma tana irin wannan kuka. Kafin ka kashe kuɗi, ka musanya tayoyin gaba da na baya. In ƙarar ta bi taya ta koma gaba, boris ba shi da laifi.

Sannan ka ɗaga motar, ka saki birkin hannu, ka juya tayar da hannu kana saurare. Lafiyayyen boris shiru yake yi, matacce kuwa za ka ji gurzawa. Ka ɗora ɗaya hannun a kan sifirin yayin da tayar ke juyawa, kakkarwar tana zuwa har yatsunka. Ka kama tayar sama da ƙasa ka girgiza, ka ga ko tana rawa. A motoci masu ABS, wani lokaci fitilarsa ce ke fara kunnuwa a dashbod.

Wane iri ne a motarka

Amsar wannan tambaya ita ce ke nuna ko aikin na gida ne. Iri na farko shi ne na Golf 2 da Golf 3: boris biyu masu tsukakkun 'ya'ya, babba a ciki ƙarami a waje, suna zaune a cikin kwanon birki, ana sa musu giris da hannu, ana daidaita su da noti. Iri na biyu shi ne na Corolla ta 2003 zuwa 2008 da motoci da yawa na bayanta: boris da hob a haɗe suke, a rufe tun daga kamfani, ana kwance tsohon gaba ɗaya a ɗaura sabo. Waɗannan biyun mai haƙuri zai iya yin su a ƙofar gida. Iri na uku shi ne wanda ake matsawa da injin matsi, kamar na bayan Hilux, inda boris yake manne a jikin shaf. Wannan yana bukatar ƙarfin tan da yawa. Abin da za ka iya a gida shi ne ka kwance ɓangaren, ka kai wa masu injin matsi, ka dawo ka ɗaura.

Wajen saye, a Ƙofar Ruwa ne a Kano ko Panteka a Kaduna, ka tafi da lambar shasin motar, in da hali da tsohon boris ɗin a hannu, domin mota iri ɗaya tana da hob mai ABS da marar shi. Sunayen da aka sani su ne SKF, FAG, Timken, NSK, NTN da Koyo, kuma saboda an san su ne masu jabu suke buga su a kwali. Ka duba rubutun da ke jikin ƙarfen, ka juya shi ka ji santsinsa. In farashin ya faɗi ƙasa da na kowa, ka tuna araha ba ta ado. Boris na hannu kuwa caca ne, tunda ido ba ya ganin lotsar da ke cikinsa.

Kafin a taɓa noti

Ka sami wuri mai tauri kuma shimfiɗaɗɗe, nesa da yashi da iska. Ka sa mota a giya ɗaya, ko a P in otomatik ce, ka tokare tayoyin gaba gaba da baya, domin dole ka saki birkin hannu kafin kwano ya fita. Ka sassauta notocin taya tun tana ƙasa, sannan ka ɗaga. Jak na ɗagawa ne kawai. Ka ɗora motar a kan matokarin ƙarfe, ka tura tayar da ka cire ƙarƙashin gefen motar. Kada ka yarda da bulon siminti, yana fashewa ba sallama. Ƙurar birki kuma ba a hura ta da baki, wasu tsofaffin birkuna suna ɗauke da asbestos mai illa ga huhu. Jiƙaƙƙen tsumma ya isa.

Aikin Golf

A tsakiyar kwanon birki akwai murfin ƙarfe. Ka ɓamɓare shi a hankali, za ka ga fin a lanƙwashe, da hular noti, da noti, da washa. Ka miƙe fin da filaya ka zare, ka kwance sauran, ka jera su a kan tsumma mai tsabta yadda suka fito. Ƙaramin boris zai biyo. In kwano ya ƙi fita, ka zura sukundireba ta ramin notin taya ka tura ɗan ƙarfen da ke daidaita birki sama, sai takalman birki su sake shi. Muddin kwano yana waje, kada kowa ya taka birki.

Ka kifa kwanon, ka cire sil, ka zaro babban boris. Saura zobban waje guda biyu da ke manne a ciki. Ka share giris za ka ga gurabun da aka bari don a sa tsinken ƙarfe a bayansu. Ka riƙa bugawa kaɗan nan, kaɗan ɗaya gefen, har zoben ya fito a miƙe. Dole a canza zobban nan. Sabon boris a kan tsohon zobe ba ya daɗewa, domin lotsar tsohon za ta ci sababbin 'ya'ya.

Ka wanke ramin da kananzir ya bushe sarai, ka goge sandar da boris ke hawa, ka duba ko ta yi shuɗi don zafi ko ta zaizaye. Sabon zobe ana saka shi ne da faffaɗan bakinsa yana kallon waje, a ɗora masa tsohon zobe ko soket daidai faɗinsa, a riƙa bugawa a kewaye. Kunne ne zai gaya maka ya zauna: ƙarar gudumar za ta sauya daga kwas-kwas ta koma tsayayyiya.

Sa giris shi ne inda ake gane mai haƙuri. Ka ɗebi giris mai jure zafi ka tara a tafin hannu, ka kama boris da ɗaya hannun, ka riƙa danna faffaɗan gefensa a cikin giris ɗin kana jan sa, har ka ga ya ɓullo ta sama tsakanin 'ya'yan. Ka juya kaɗan ka maimaita, sai ka zagaye shi duka. Shafa masa a baya kawai ba ya wadatarwa. Kuma kada ka cusa ramin ya cika maƙil, giris mai yawa yana jawo zafi. Ka sa babban boris, ka buga sabon sil, ka mayar da kwano, ƙaramin boris, washa da noti.

Yanzu sai ɗauri, wanda shi ne ran aikin. Ka ɗaure notin kana juya kwano don 'ya'yan su zauna, sannan ka sassauta, ka sake matsowa a hankali. Ma'aunin da Volkswagen ta bayar mai sauƙi ne: ka sa bakin sukundireba a gefen washa ka tura da ƙarfin yatsa, ba tare da ka jingina ta da komai ba. Washar ta motsa da ƙyar. In ta ƙi motsi ka matse da yawa, kuma da boris ya yi zafi ƙarfe zai buɗe, maiƙo ya tsere, ya ƙone. In tana yawo, taya za ta yi rawa. Ka mayar da hula, ka sa sabon fin ka lanƙwasa, ka rufe murfi.

Aikin Corolla

Nan babu giris, babu daidaitawa. In kwano ya kama, a fuskarsa akwai ƙananan ramuka biyu masu zare. Ka ɗaura noti mai kaurin milimita 8 a kowanne, kana juya su bi da bi, za su turo shi waje. In motar mai faifan birki ce, ka kwance kalifa, wato ƙarfen da ke matse faifan, ka rataye ta da waya, kada ka bar ta tana lilo a jikin tiyon mai. Ka zare wayar ABS daga baya da lallami, sannan ka kwance notoci huɗu da ke riƙe da hob. Farantin da ke ɗauke da birki zai saki tare da shi, don haka ka tallafe shi kada bututun mai ya lanƙwashe. Tsohon hob kana iya dukansa in tsatsa ta riƙe shi, tunda ya gama aiki. Ka kankare tsatsar mazauninsa har ƙarfe ya fito fes, in ba haka ba sabon zai zauna a karkace. Sabon kuwa da hannu ake saka shi, a kama notocin da yatsa tukuna, a ɗaure su a gicciye.

Ana son sifana mai awo a nan, ko da aro ne. Kowane noti yana da adadinsa a littafin motar. Notocin tayar Corolla Nm 103 ne, na Golf 3 kuma 110. A motocin da babban noti ɗaya ke riƙe hob a tsakiya, wannan ɗaurin shi ke saita matsin da ke kan 'ya'yan boris, kuma yawancinsu sau ɗaya ake amfani da notin.

Bayan an sauke mota, ka taka birki sau da yawa har ya yi tauri kafin ka motsa. Ka yi tafiyar 'yan kilomitoci a hankali, ka tsaya ka kusanto da bayan hannunka tsakiyar tayar, ka gwada da ɗaya gefen. Ɗumi ba komai ba ne, amma zafin da ya fi na ɗan'uwansa sosai yana nufin a sake buɗewa. Bayan kwana biyu ka sake bin notocin taya. Ɗaya gefen kuma ba lallai ne a canza shi ba in gwaji ya nuna lafiyarsa ƙalau.

Ko da a ƙarshe gareji ka kai motar, sanin nan zai yi maka rana, domin kurakuran da ke kashe sabon boris a gaban mai mota ake yin su. Ana ajiye shi a ƙasa cikin yashi. Ana zura bututu a sifana a hau kai da ƙafa. Ana dukan zoben ciki don a shigar da na waje, ƙarfin gudumar ya ratsa ta cikin 'ya'yan ya lotsa hanyarsu tun mota ba ta motsa ba. A boris mai maganaɗisun ABS kuma ana juya fuskar da ya kamata ta kalli na'urar ABS ɗin, fitila ta kama ta ƙi mutuwa. In ka ga yaron gareji ya ɗaga guduma a kan sabon boris irin na matsi, kana da hujjar cewa, "Oga, a dakata, a kai shi injin matsi, ni zan biya." Kuɗin matsin bai kai na sayen wani boris ɗin bayan wata uku ba.