Niamey Twice: faifan da ya kai kiɗan borin Maraɗi kasuwar duniya

A 1994 kamfanin Stern's na birnin Landan ya fitar da wani faifai mai suna Niamey Twice, wato Yamai sau biyu. Mawaƙa biyu ne suka raba shi: Moussa Poussi da waƙoƙinsa na Zabarmanci, sai Sa'adu Bori na Maraɗi da nasa na Hausa. Sunan faifan ya ɗan ci haƙƙin Maraɗi, domin rabin kayan da ke ciki daga nan suka fito.

Kafin wannan lokaci, ƴan Mali da Gini da Senegal ne ke cin kasuwar faifai a Turai, kiɗan zamani na Nijar kuwa bai cika wuce kaset da gidan rediyon Muryar Sahel ba. Abubuwa sun fara motsi da gasar Ɗan Gurmu, da kuma cibiyar horar da makaɗa ta CFPM a Yamai, mai ɗauke da sunan Elhaji Taya. A can ne mutanen biyu suka yi aiki tare cikin ƙungiyar Takeda, da su Fati Mariko da Yacouba Moumouni, wanda daga baya ya jagoranci Mamar Kassey. Sai Ibrahima Sylla, ɗan Senegal ɗin da ya fitar da faifan Soro na Salif Keita a 1987, ya zo Yamai ya ɗauke su.

Abin da Sa'adu ya yi ya fi ƙarfin a ce ya ɗora Hausa a kan kiɗan Turawa. Duk wanda ya taɓa tsayawa a wajen wasan bori a Tasawa ko Mayahi ya san yadda ake yi: goge ko garaya na bin zango ɗaya, mata na dukan ƙwarya, ana maimaitawa ana ƙara wuta har jiki ya ɗauka. Wannan maimaicin ne ya miƙa wa jita da bas da gangunan zamani. Baturen da ya ji zai ce funk ne irin na baƙaƙen fatar Amurka, don shi ma funk a kan zango ɗaya mai nauyi yake tsayawa. Bamaraɗe kuwa ya san gidan da abin ya fito. A saurari Dango ko Badossa, za a ji yadda amshi ke korar waƙa ba hutawa. Kaset ɗinsa sun tsallaka iyaka zuwa Katsina da Kano, aka yi ta rawa da su a bukukuwa.

Ba ƙaramar kasada ba ce mutum ya ɗauki sunan bori ya hau dandamali da shi a Maraɗin wancan zamani, lokacin da wa'azin yaƙi da bidi'a ke ƙara ƙarfi. A watan Nuwamban 2000, cikin tarzomar adawa da bikin nuna tufafi na FIMA, har gidan Iya, uwar ƴan borin Maraɗi, aka kai wa hari. Wasu na yi wa waƙoƙin Sa'adu kallon shirka da aka sa wa lantarki, wasu na ganin taskar kirari da kiɗan kakanni ce da ya tsamo kafin ta nutse. Wannan gardama ba ta mutu ba har yau.

Sa'adu Bori ya rasu a hatsarin mota a 2008, Sylla kuma a 2013. Ƙofar da suka buɗe wasu sun bi ta: Mamar Kassey, sannan Tal National, waɗanda faifansu Kaani ya fito a Ingila a 2013. Sai dai yawancin sabbin waƙoƙin Hausa da ake ji a tasha da gidan biki yanzu da kwamfuta da piyano ɗaya ake haɗa su, ba da cikakkiyar ƙungiyar makaɗa ba. Waƙoƙin Sa'adu na nan suna yawo a wayoyi da YouTube, galibi ba sunan faifan, ba shekara, ba sunayen waɗanda suka kaɗa.