Uwa Mai Hawaye da Uwa Mai Harara

Duk wanda ya girma yana kallon fim ɗin Indiya a Kano ko Zinder ya san fuskar Nirupa Roy, ko da bai san sunanta ba. Mu dai "babar Amita" muke ce mata, wato uwar jarumi Amita a fim. Ta fara fitowa a 1946, ta yi finafinai sama da 250, ta rasu a 2004. A Deewaar na 1975 ita ce uwar da ta tsaya tsakanin ɗa ɗan sanda da ɗa ɗan fasa-ƙwauri. A Amar Akbar Anthony na 1977 kuwa makauniya ce, tana kwance a gadon asibiti, samari uku suna ba ta jini, babu wanda ya san ita ta haife shi. Har yau idan na tuna wurin sai jikina ya yi sanyi.

A nan gida, a fim ɗin Hausa, mun yi Saratu Giɗaɗo, wato Daso, wadda ta fara da Linzami da Wuta a 2000. Ita ba hawaye aka ba ta ba. Harara aka ba ta, da tsaki, da ɗaure zani a ƙugu, ta zama uwar miji mai hana amarya sakat ko kishiya mai kai-komo gidan boka. Jarumai mata nawa suka yi tashe a gabanta, suka yi aure, aka daina jin ɗuriyarsu, ita tana nan?

Dukansu biyu ba su ne ake sayar da fim da hotonsu ba, amma cire su ka gani ko labarin zai tsaya da ƙafarsa. Inda suka rabu shi ne ladan da mai kallo yake biya. Nirupa tausayi ta girba shekara da shekaru. Daso kuwa sai an ji haushinta sannan aikinta ya yi kyau, kuma a garin da masu kallon suke, a nan ta zauna, kasuwarsu ɗaya, gidan bikinsu ɗaya, ga mutanenmu da wuyar raba wasa da gaske.

Shi ya sa a wurina kayan da Daso ta ɗauka sun fi nauyi. Ta ɗauke su shekara 24, har Allah Ya karɓi ranta a Afrilun 2024, a ƙarshen azumi. Allah Ya jiƙanta.