Titsiye Ma'aikacin Safiyo da Wakilin Kotu a Matakin Ɗaukaka Ƙara: Nazari a Kan Tsarin Indiya

1.0 Gabatarwa

Rikicin iyakar gona ko na filin gida ba ya warwaruwa da bakin shaidu kaɗai, domin kowane ɓangare yakan zo da waɗanda za su rantse masa. Wannan ne ya sa Dokar Tsarin Shari'o'in Hakki ta Indiya ta 1908, a Sashe na 75 da Babi na 26, ta ba alƙali ikon naɗa wani mutum ya je wurin da ake gardama a kai, ya duba, ya auna, ya kawo rahoto. Dokar tana kiransa kwamishina, amma tun da a kunnen Bahaushe kalmar tana nufin mai riƙe da ma'aikatar gwamnati, za a kira shi wakilin kotu a wannan maƙala. Wakilin yakan kasance lauya, ko ma'aikacin safiyo na hukumar ƙasa, ko kuma lauya da mai safiyo yana taimaka masa.

2.0 Matsayin Rahoton Wakili

Ƙa'ida ta 10 ta Babi na 26 ta ce rahoton wakili shaida ne, kuma yana shiga kundin shari'a ko da ba a kira shi gaban kotu ba. A nan haɗarin yake. Shaida na gama-gari sai ya sha tambayoyin lauyan abokin hamayya kafin a auna maganarsa, amma wannan takarda tana iya raba mutum da gonar gado ba tare da marubucinta ya buɗe baki ba. Gyaran da ƙa'idar ta yi shi ne, kotu tana iya yi wa wakilin tambayoyi a bainar jama'a, haka ma masu shari'a, amma su sai da izinin kotu. Tambayoyin suna iya shafar abin da aka aike shi, da abin da ya rubuta, da kuma hanyar da ya bi wajen bincike.

3.0 Bayan An Ɗaukaka Ƙara

Hali biyu ne. Na farko, ƙaramar kotu ce ta naɗa wakilin, mai ƙara bai yi suka ba, bai kuma nemi a kira shi ba, sai da hukunci ya kayar da shi. Wannan ƙofarsa ƙunci gare ta, domin Ƙa'ida ta 27 ta Babi na 41 ta hana kawo sabuwar shaida a wannan mataki, sai idan ƙaramar kotu ta ƙi karɓar abin da ya cancanta, ko shaidar ta gagara samuwa duk da ƙoƙari, ko kuma ita kotun sama tana bukatarta don yanke hukunci. Bugu da ƙari, kwamitin shari'a na majalisar Sarkin Ingila, wanda a da shi ne maƙurar ɗaukaka ƙara ga Indiya, ya yi gargaɗin kada a rushe sakamakon bincike mai tsanaki sai da ƙwaƙƙwaran dalili.

Hali na biyu, kotun sama ce da kanta ta yi naɗin, bisa ikon da Sashe na 107 ya ba ta. A 2008, a shari'ar Hukumar Waƙafi ta Jihar Haryana, Kotun Ƙoli ta mayar da ƙara ga Babbar Kotu, tana mai cewa gardamar iyaka awo take bukata. A irin wannan hali hana titsiye ba shi da hujja, saboda wanda rahoton ya cutar bai taɓa samun damar ƙalubalantarsa ba.

4.0 Inda Tambaya Take Cizo

Lauyan da ya fara da zargin wakili da cin hanci ba tare da hujja ba, ɓata wa alƙali rai kawai zai yi, domin shi ya zaɓo mutumin. Hanyar awo ita ce wurin kamu. Shin an sanar da ɓangarorin biyu ranar zuwa, kamar yadda Ƙa'ida ta 18 ta tanadi halartarsu? Daga wane tabbataccen dutsen iyaka aka fara jan igiya, kuma wa ya nuna masa shi? Filayen biyu ya auna ko na mai ƙara kaɗai? Idan mafarin ya goce da mita 1 a iyaka mai tsawon mita 100, murabba'in mita 100 ke nan ya koma hannun maƙwabci.

Taswira ma abin tuhuma ce. Yawancin tsofaffin taswirorin ƙauyukan Indiya an zana su ne bisa inci 16 ga mil 1, wato milimita 1 a takarda kusan mita 4 ne a ƙasa. Kaurin layin fensir kaɗai ya isa ya haɗiye rijiya ko hanyar shanu, balle takardar da ta tsufa ta motse. Sannan a duba ko wakilin ya wuce gona da iri: an aike shi awo, ya dawo yana faɗin wanda ke riƙe da filin, alhali wannan hukunci na alƙali ne. Idan amsoshinsa suka kasa gamsarwa, Ƙa'ida ta 10 ta ba kotu damar umartar a ƙara bincike.