Ko Kun Sani?

A tsakiyar hamada aka fara ɗaya daga cikin manyan bukukuwan nunin tufafi na Afirka! A shekarar 1998 ne Alphadi, shahararren mai tsara tufafi ɗan Nijar, ya shirya bikin FIMA na farko a Tigidit, kusa da Agadas. Aka kafa dandali bisa rairayi, masu tallar kaya suka yi ta rangaji ana kiɗa da waƙa. Cikin mahalarta har da kamfanin Kenzo, wanda Kenzo Takada ɗan Japan ya kafa a Faransa. A 2016 hukumar UNESCO ta naɗa Alphadi jakadan zaman lafiya ta hanyar fasaha.