Mai Tonon Tsofaffin Hotunan Fim

Duk wanda ya yi niyyar shirya fim a kan tarihin Sae Sabuwa, a gundumar Gidan Rumji ta jihar Maraɗi, zai samu dattawan da za su ba shi labari, amma hoton da zai raka labarin fa? Nan ne ake neman mai tonon tsofaffin hotuna, mutumin da sunansa ba ya fitowa sai 'yan kallo sun fara neman takalmansu. Ana ɗauka aikinsa nemo hoto ne kawai. Nemowa ba ta kai tantancewa wuya ba: ina aka ɗauka, wace shekara, wa ke da haƙƙinsa?

Hotunan ƙasar Maraɗi da suka fi yawo a duniya su ne na yunwar 2005, wadda ta biyo bayan ƙarancin ruwa da farin ɗango na 2004, lokacin da BBC da wasu gidajen talabijin suka ɗauki yara a cibiyoyin likitocin MSF. Mai shirya fim da ke cikin gaggawa sai ya kwaso su ya liƙa a labarin yunwar 1984, wadda mutanen Nijar ke kira El Buhari. Mai tono ba zai yarda ba. Zai karanta rubutun da ke jikin gwangwanin fim, ya duba ko zaren milimita 16 ne ko kaset ɗin bidiyo, ya tsayar da hoton ya ƙura wa lambar mota ido, da rufin kwano, da zanen atamfar mata. In bai gamsu ba, ya ce babu.

Wani zai ce ai yunwa yunwa ce, ɗan kallo ba ya bambance garin Agye da na Gazawa. Na nesa ne ba ya bambancewa. Mutanen wurin sun san garkarsu, kuma jaririn da aka ɗauka a 2005 yau saurayi ne mai waya a hannu. Ƙasar ma ta sauya: tun wajen 1984 manoman yankin ke barin tohon itatuwa irin su gawo da kalgo a gonaki, don haka tsohon hoton fili fayau, in an sa shi ba shekara, ƙarya yake yi wa gonar yau.

Ƙorafin tsada ya fi ƙarfi, domin yawancin hotunan zamanin mulkin mallaka suna Turai, a ma'ajiya irin INA ta Faransa, kuma gwargwadon tsawon abin da ka ɗauka ake biya. Sai dai ba duk tsofaffin fina-finai ne ke waje ba. Fim ɗin Shaihu Umar na Adamu Halilu, na 1976, an daɗe ana zaton ya ɓace, sai a 2016 aka gano shi a ma'ajiyar Hukumar Fina-finai ta Nijeriya. Cibiyar Arsenal ta Jamus ta gyara shi, aka nuna shi a bikin fina-finai na Balin a 2018. Shekara da shekaru yana ajiye a gida, mai buɗe gwangwanin ne babu.